Bindiga Mai Rimot a Kan Motar Sulke da Matsalar Yaƙin Cikin Gari: Misali Daga Adjamé da Treichville a Birnin Abijan

1.0 Gabatarwa

Duk mai sauraron labaran duniya a gidajen rediyon da ke watsa shirye-shirye da Hausa ya saba da jin kalmomi irin su motar sulke da tankar yaƙi da makami mai linzami da jirgi maras matuƙi. Tun daga farkon shekarun 2000 an sami ƙarin wata na'ura a kan motocin sulke wadda har yanzu ba ta da tsayayyen suna a Hausa. Wannan na'ura ita ce bindigar da ake girkawa a saman mota, sojan da ke harba ta kuma yana zaune a ciki, yana kallon allo, yana juya ta da mariƙi. A wannan takarda za a riƙa kiran ta bindiga mai rimot, za a kuma kawo dalilin zaɓen wannan suna a sashe na 7.0.

Manufar takardar ita ce ta bayyana wa ɗalibi yadda na'urar take da dalilin ƙirƙiro ta, sannan ta auna ta da irin wurin da aka yi ta dominsa, wato cikin gari. Wurin da aka ɗauka a matsayin ma'auni shi ne unguwannin Adjamé da Treichville na birnin Abijan a ƙasar Kwadibuwa, inda Hausawa 'yan kasuwa daga Nijar da Nijeriya suka daɗe da zama, inda kuma aka ga motocin sulke a kan tituna lokacin rikicin 2010 zuwa 2011. Abin da za a nuna shi ne, na'urar ta kare ran maharbi ta kuma gyara masa saiti, amma nauyin bambance mayaƙi da ɗan kasuwa yana nan a wuyan mutum. Saboda haka ya zama wajibi ga mai fassara ya zaɓi kalmomin da ba za su ɓoye wannan mutumin ba.

2.0 Daga Sulken Barde Zuwa Sulken Mota

Kalmar sulke tsohuwa ce a Hausa. Asalinta riga ce da ake saƙawa da ƙananan zobban ƙarfe, wadda barade ke sawa don kariya daga takobi da mashi. Akwai kuma lifidi, wanda ake cusa wa auduga a lulluɓe doki da mahayinsa, da kwalkwali na kare kai. Littafin tarihin sarakunan Kano ya danganta shigo da waɗannan kaya ga Sarki Kanajeji, wanda ya yi mulki daga 1390 zuwa 1410. Da motocin yaƙi masu jikin ƙarfe suka zo, sai Bahaushe ya faɗaɗa ma'anar tsohuwar kalmar, ya ce motar sulke. Wannan misali ne mai kyau na faɗaɗa ma'ana, ɗaya daga cikin hanyoyin da harshe ke bi wajen samar wa sabon abu suna.

Matsalar da ɗan lifidi ya fuskanta ita ce dai ta motar sulke. Gwargwadon yadda mutum ya rufe jikinsa, gwargwadon yadda ganinsa da jinsa ke raguwa. Wanda ke cikin motar sulke a rufe ba ya ganin komai sai ta 'yan ƙananan tagogi masu kaurin gilashi. Don haka aka saba buɗe wani murfi a rufin motar, a girka bindiga mai jigida a bakin ramin, soja ɗaya ya tsaya rabin jikinsa a waje yana riƙe da ita. Wannan soja shi ne idon motar, shi ne kuma wanda abokan gaba ke fara hara.

A fili, kamar hamada ko fadama, ana hango abokin gaba tun daga nesa. A cikin gari kuwa yana iya kasancewa a saman bene, ko bayan taga, ko a lungun da bai fi taku goma daga mota ba. A Mogadishu, ranar 3 zuwa 4 ga Oktoba 1993, sojojin Amurka 18 suka mutu, kuma maharban da ke tsaye a saman motoci na cikin waɗanda suka fi shan wuta. A Grozny, a daren shiga shekarar 1995, 'yan Checheniya suka yi kaca-kaca da ayarin tankokin Rasha ta hanyar harbo su daga saman benaye da ƙarƙashin gine-gine, wuraren da bakin babbar bindigar tanka ba ya iya ɗagawa ko sunkuyawa ya kai gare su. Bayan mamayar Iraƙi a 2003, nakiyoyin gefen hanya da gwanayen harbi daga ɓoye suka ci gaba da hallaka masu tsayuwa a saman mota. Daga nan ne aka dage wajen neman hanyar da za a bar bindiga a waje, a shigar da mutum ciki.

3.0 Yadda Na'urar Take

3.1 Sassanta

Ana iya raba bindiga mai rimot zuwa sassa huɗu.

Na farko shi ne mazauni, wato ƙarfen da aka ɗaure a rufin mota, mai ƙananan injunan lantarki da ke juya bindiga. Yana kewayawa ko'ina, digiri 360, kuma nau'o'in da aka fi sani suna ɗaga baki sama har digiri 60, su sunkuyar da shi ƙasa digiri 20. Wannan ɗagawa ita ce ke ba shi damar kaiwa ga saman bene daga kan titi. Nau'o'in baya-bayan nan suna da na'urar daidaitawa wadda ke riƙe bakin bindiga a kan wuri ɗaya ko da mota na tsalle a kan ramuka.

Na biyu ita ce bindigar kanta. Yawanci tsohuwar bindiga ce da sojoji suka riga suka sani, kamar babbar bindiga mai jigida mai harsashin milimita 12.7, ko matsakaiciya mai milimita 7.62, ko mai cilla gurneti na milimita 40. Abin da aka canja kawai shi ne, maimakon yatsa, lantarki ne ke jan kunamarta idan an ba shi umarni.

Na uku su ne idanu. Akwai kyamarar rana mai jawo nesa kusa, da kyamarar zafi wadda ke nuna ɗumin jikin mutum ko na inji cikin duhu ko hayaƙi, da kuma na'urar auna nisa da hasken leza. Wata ƙaramar kwamfuta ce ke karɓar nisan da aka auna, ta lissafa yadda harsashi zai sunkuya a hanya, ta gyara saiti.

Na huɗu shi ne wurin zaman maharbi a cikin mota, mai allo da mariƙi irin na wasan gem da maɓallan kiyayewa. Sai ya buɗe maɓallin kiyayewa ya danna kunama sannan harsashi ke fita. Ya kamata ɗalibi ya riƙe wannan batu da kyau, domin a kansa ne duk bayanin sashe na 7.0 ya rataya. Nisan da ke tsakanin maharbi da bindigarsa bai wuce kamu biyu ko uku ba, sai dai akwai farantin ƙarfe a tsakaninsu.

3.2 Yaɗuwarta

Kamfanin Kongsberg na ƙasar Norwe shi ne ya fi shahara da ƙera wannan na'ura, da sunan Protector. An girka ta a kan motocin Stryker na Amurka waɗanda aka kai Iraƙi a 2003. Daga 2004 sojojin Amurka suka fara amfani da wani tsari mai suna CROWS a kan ƙananan motocinsu, a 2007 kuma kwangilar kashi na biyu na wannan tsari ta koma hannun Kongsberg, wanda ya sayar da fiye da guda 20,000 ga ƙasashe da dama. Faransa ta girka Protector a kan wasu motocinta na VAB, ta kai su Afganistan daga 2009. Sabuwar motarta mai suna Griffon, wadda aka fara miƙa wa sojoji a 2019 aka kuma kai ta Mali a 2021, da irin wannan bindiga take fitowa daga masana'anta, ƙirar kamfanin Arquus. Isra'ila na da nata mai suna Samson, Turkiyya kuma na da SARP na kamfanin Aselsan. A taƙaice, abin da ya fara a matsayin ƙari a kan tsofaffin motoci ya zama abin da ake sa rai a gani a kan kowace sabuwar motar sulke.

4.0 Adjamé da Treichville

4.1 Yanayin Wurin

Birnin Abijan yana bakin wani babban tafki mai suna Ébrié, wanda ya raba shi gida biyu. A arewacin ruwan akwai Plateau, unguwar ma'aikatu da fadar shugaban ƙasa, da Cocody da Abobo da Yopougon da Adjamé. A kudu akwai tsibirin da Treichville ke kansa, bayansa kuma Port-Bouët, inda filin jirgin sama yake. A 1950 aka fasa mashigin Vridi wanda ya haɗa tafkin da teku, a 1951 aka buɗe tashar jiragen ruwa, wadda ke gefen Treichville. Ta wannan tasha ne ake fitar da kaso mai yawa na kokon ƙasar, ta nan ne kuma kayan Mali da Burkina Faso ke shigowa. Layin dogon da ke zuwa Wagadugu daga Treichville yake tashi.

Adjamé ita ce kasuwar birnin kuma tashar motarsa. Motocin da ke zuwa arewacin ƙasar da ƙasashen maƙwabta a nan suka saba lodi, kuma mai fitowa daga Abobo zuwa Plateau ta nan yake ratsawa. Manyan titunanta cike suke da 'yan tebur da 'yan tireda da masu tura baro, a bayansu kuma lunguna ne da rumfunan katako da kwano da gidajen haya na tsakar gida ɗaya. Treichville ta fi tsari, titunanta a miƙe suke suna gilma juna, an kuma sa musu lambobi, amma ita ma cike take da jama'a. Hausawa da Zabarmawa na cikin baƙin da ke kasuwanci a unguwannin biyu, alaƙar kuwa tsohuwa ce, domin fataucin goro ya daɗe yana haɗa ƙasar Hausa da kurmin wannan yanki. Garin Anyama da ke arewa da Abijan har yau cibiyar goro ce.

Wani abin lura ga mai nazarin yaƙi shi ne, a 2011 gadoji biyu ne kawai suka haɗa arewacin birnin da kudancinsa, wato gadar Houphouët-Boigny ta 1957 da gadar De Gaulle ta 1967, dukansu kuma daga Plateau suke sauka Treichville. Gada ta uku sai a Disamba 2014 aka buɗe ta. Ke nan a wancan lokacin duk ayarin da zai tashi daga filin jirgi ko bakin tasha zuwa fada dole ne ya bi ta Treichville, wanda zai gangaro daga Abobo kuma dole ne ya bi ta Adjamé.

4.2 Rikicin 2010 Zuwa 2011

An yi zagaye na biyu na zaɓen shugaban ƙasa ranar 28 ga Nuwamba 2010. Hukumar zaɓe ta ce Alassane Ouattara ne ya ci, majalisar tsarin mulki kuma ta ce Laurent Gbagbo ne. Majalisar Ɗinkin Duniya da Tarayyar Afirka da ƙungiyar ECOWAS suka amince da Ouattara. Rikicin da ya biyo baya ya ci rayukan mutane kimanin 3,000, kuma ƙungiyoyin kare haƙƙin ɗan Adam sun zargi ɓangarorin biyu da kisan farar hula. Baƙi 'yan Afirka ta Yamma na cikin waɗanda aka kashe a shingayen da 'yan banga suka kafa a tituna. A Janairu 2011 Tarayyar Turai ta sa wa tashar jiragen ruwan Abijan takunkumi, ba ta ɗage shi ba sai a Afrilu.

Ranar 3 ga Maris 2011 aka kashe mata bakwai masu zanga-zanga a Abobo. Rahotannin masu bincike sun ce wutar ta fito ne daga ayarin jami'an tsaro masu biyayya ga Gbagbo, wanda ya ƙunshi motar sulke. Ranar 8 ga Maris aka harbe mutum huɗu a Treichville yayin wani jerin gwanon mata. Ranar 17 ga Maris aka cilla bama-bamai cikin wata kasuwa a Abobo, mutum 25 ko fiye suka mutu. Ranar 30 ga Maris Kwamitin Sulhu ya zartar da ƙuduri mai lamba 1975, wanda ya ba rundunar Majalisar Ɗinkin Duniya, wadda Nijar ma ta ba da sojoji a cikinta, izinin hana amfani da manyan makamai a kan farar hula. Washegari mayaƙan Ouattara suka iso Abijan. Ranar 4 ga Afrilu jirage masu saukar ungulu na Majalisar da na rundunar Faransa mai suna Licorne suka kai hari a kan barikoki, ciki har da barikin jandarmomi na Agban da ke Adjamé. Ranar 11 ga Afrilu ayarin motocin sulken Faransa ya ƙetara zuwa Cocody, mayaƙan Ouattara kuma suka kama Gbagbo a gidansa. Fiye da kwana goma mazauna unguwanni da yawa suna kulle a gida, abinci da ruwan sha sun yi ƙaranci.

Mayaƙan cikin gida sun fi dogara ne da motocin a-kori-kura da aka girka wa bindigogi, inda maharbi ke tsaye a fili. Tambayar da ta rage ita ce, idan aka ɗauke wannan maharbi daga fili aka zaunar da shi gaban allo, me zai canja a titi irin na Adjamé, me kuma zai zauna yadda yake?

5.0 Abin da Na'urar ke Magancewa

Amfani na farko a bayyane yake, wato kare ran maharbi daga harsashi da ɓurɓushin nakiya, da kuma daga murƙushewa idan mota ta kife.

Amfani na biyu ya shafi mutanen gari. Sojan da ke tsaye a fili, wanda ya san kowace taga na iya zama ajalinsa, yakan yi saurin buɗe wuta, idan ya buɗe kuma yakan yi feshi. Wanda ke cikin ƙarfe yana da 'yan daƙiƙoƙin da zai jawo hoto kusa ya tantance ko abin da ke kafaɗar wancan mutumin bindiga ce ko ɗaurin rake. Idan ta kama ya yi harbi, auna nisa da daidaita saiti na sa ya sami abin da ya nufa da harsasai kaɗan. A kan doguwar hanya miƙaƙƙiya, kamar gadojin nan biyu ko titin bakin tasha, wannan fifiko babba ne, musamman da dare.

Amfani na uku shi ne, wasu nau'o'in na iya adana hoton abin da kyamara ta gani. Muhimmancin wannan zai fito idan aka tuna cewa kisan matan Abobo na cikin tuhume-tuhumen da aka gabatar a Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya, wadda ta sallami Gbagbo a Janairu 2019 bisa cewa masu gabatar da ƙara ba su kawo isasshiyar hujja ba, aka kuma tabbatar da sallamar a Maris 2021. Gano wanda ya harba da wanda ya ba da umarni abu ne mai wuya bayan ƙura ta lafa. Hoton da aka adana na iya taimakawa, matuƙar rundunar da ke riƙe da shi ta yarda ta fito da shi.

6.0 Abin da Ba Ta Magancewa

Da farko akwai ƙuntatar gani. Idon mutum na ɗaukar kusan digiri 180 ba tare da ya juya wuya ba. Kyamara ko an buɗe ta gaba ɗaya ba ta kai rabin haka ba, idan kuma aka jawo hoto kusa sai ya zama kamar leƙe ta kafar tsinken gora. Maharbi na iya ganin fuskar mutum a nesa sarai, alhali bai ga yaron da ya gilmo ta gefen motar ba. A lungun kasuwa, inda haɗari da marar laifi duk daga kusa suke fitowa, wannan naƙasu ne babba.

Na biyu shi ne rashin ji da rashin magana. Wanda ke waje yana jin inda ƙarar harbi ta fito, yana jin kukan mata, yana iya ɗaga hannu ya tsayar da direba, ko ya daka tsawa da Faransanci ko Julanci a watse. Su ma mutanen titi suna karanta fuskarsa su gane ko gargaɗi yake yi ko da gaske yake. Bahaushe ya ce labarin zuciya a tambayi fuska. Bindiga mai rimot ba ta da fuska. Idan ta juyo da bakinta wajen taro, ba wanda ya san ko kallo kawai ake yi da kyamara ko harbi za a yi, domin a yawancin nau'o'in idon da bakin bindigar wuri ɗaya suke fuskanta. Tsoron da wannan ke haifarwa na iya sa jama'a su ruga a guje, gudun kuma ya sa maharbi ya ɗauka hari ne.

Na uku, kyamarar zafi ɗumi kawai take nunawa. Ba ta ratsa bango, ba ta gani ta cikin gilashi, kuma da rana tsaka, lokacin da kwano da kwalta suka ɗauki zafi, hotonta kan dushe. Ko da ta nuna mutum sarai, ba za ta faɗi ko wane ne ba. A rikicin Abijan mayaƙa da yawa ba su da kakin soja, da rigar gida suke yawo. Ɗan dako mai gudu da kaya a ka da ɗan bindiga mai gudu da akwatin harsashi kusan siffa ɗaya suke a kan allo. Hangen Dala ba shiga birni ba ne.

Na huɗu, harsashin bai canja ba. Harsashin milimita 12.7 na iya kashe mutum daga nisan mita 1,800, yana kuma fasa bulo da katako da kwano. Ko an sami wanda aka nufa, harsashin na iya zarcewa ya ratsa rumfa biyu ko uku ya faɗa tsakar gidan haya. Kyawun saiti na rage ɓarna, amma bai mayar da makamin fili ya dace da kasuwa ba.

Na biyar, ita kanta na'urar tana da rauni. A nau'o'i da yawa akwatin harsashi a waje yake, idan ya ƙare ko bindiga ta cije dole soja ya buɗe murfi ya fito. Idan aka haɗa mazauni da bindiga da harsasai, nauyin da ke kan rufi kan kai kilo 200, abin da ke ƙara wa mota tsawo da saurin kifewa. Harsashi ɗaya na iya fasa gilashin kyamara, ƙura da danshin bakin teku kuma ba sa shiri da lantarki, ga tsadar gyara. Tun daga yaƙin Yukiren da ya ɓarke a 2022 an ga ƙananan jirage marasa matuƙa na faɗo wa motocin sulke ta sama, lamarin da ya sa ake ƙoƙarin mayar da irin waɗannan bindigogi su riƙa kakkaɓo su.

Dokar yaƙi ba ta sassauta wa mai allo ba. Ƙarin yarjejeniyar Janiba na farko, na 1977, ya wajabta bambance mayaƙi da farar hula, ya hana harin da ɓarnarsa ga farar hula ta zarce amfaninsa na soja, ya kuma ce idan ana shakkar matsayin mutum a ɗauke shi farar hula ne. Wannan hukunci a kan maharbi da kwamandansa yake, ko suna tsaye a waje ko suna zaune a ciki.

7.0 Matsalar Suna da Fassara

Hausa na da al'adar sa wa makami suna bisa abin da ido ya gani. Bindigar Maxim da Turawa suka zo da ita Kano da Sakkwato a 1903 an kira ta bindiga mai ruwa, saboda ruwan da ke sanyaya bakinta. Mai jerin harsasai kuma aka ce mai jigida. Ga sunaye uku da mai fassara zai iya tunanin ba na'urar da ake magana a kanta.

(a) Bindiga mai sarrafa kanta. Kafofin labarai sun riga sun ba wannan suna ga bindigar da ke ta fitar da harsasai muddin yatsa na kan kunama. Bayan rikitarwar da za a samu, sunan na nuna kamar bindigar ce ke yanke shawara. Akwai makaman da ake ƙerawa don su zaɓi abin hari da kansu, waɗanda ake muhawara a kansu a Majalisar Ɗinkin Duniya. Idan aka kashe sunan a nan, me za a kira waɗancan?

(b) Bindiga mai linzami. Hoton da sunan ke bayarwa ya dace, domin linzami na hannun mahayi. Sai dai makami mai linzami ya riga ya zauna a kan roka mai bin saiti.

(c) Bindiga mai rimot. Kowa ya san rimot na talabijin, ya kuma san cewa rimot ba ya danna kansa. Aron kalma ne, amma ya bar mutum a cikin hoton. A rubutu na ilimi ana iya fara kawo cikakken bayani, wato bindigar da ake sarrafawa daga cikin mota, sannan a ci gaba da gajeren sunan.

Ginin jimla ma na da tasa rawar. A dubi waɗannan:

1. Bindigar ta tashi, mutum huɗu suka mutu.
2. An harbe mutum huɗu.
3. Motar sulke ta buɗe wuta a kan jama'a.
4. Sojan da ke cikin motar ya harbe mutum huɗu.

A jimla ta 1 bindiga ce aikau, kuma Bahaushe na faɗin haka ne idan tsautsayi ya auku ba da nufin kowa ba. A ta 2 wakilin suna an ya nuna akwai mai aikin amma ba a bayyana shi ba. A ta 3 an jingina aikin ga mota. Ta 4 ce kaɗai ta ambaci mai aikin. Kowace na da muhallinta. Idan ba a tabbatar da wanda ya yi harbi ba, jimla ta 2 ita ce gaskiya, shi ya sa aka yi amfani da irinta a sashe na 4.2 wajen ba da labarin Treichville. Amma idan an tabbatar, mai fassarar da ya zaɓi ta 1 ko ta 3 ya wanke wani ba tare da ya sani ba. Tun da maharbi ya ɓace wa ido a cikin ƙarfe, sauƙin jingina aiki ga na'ura ya ƙaru.

8.0 Kammalawa

Wannan takarda ta bayyana sassan bindiga mai rimot da yadda asarar maharba a Mogadishu da Iraƙi ta sa aka rungume ta. Ta kuma auna ta da yanayin Adjamé da Treichville, inda aka ga cewa tana da amfani a kan gada da miƙaƙƙen titi, amma a cikin kasuwa tana rage wa maharbi gani da ji da damar yin gargaɗi. Rundunar Licorne ta kammala aikinta a 2015, ta Majalisar Ɗinkin Duniya a 2017, a Fabrairu 2025 kuma Faransa ta miƙa wa Kwadibuwa barikin Port-Bouët. Sai dai motocin sulke masu irin wannan bindiga na ƙara yawa a kasuwar makamai, kuma biranen Afirka ta Yamma na ƙara cika. Ɗaliban da ke karanta wannan takarda su ne za su fassara labaran da za su fito daga irin waɗannan wurare, masu sauraronsu kuma na da 'yan'uwa a rumfunan Adjamé.

Jinga

1. Kawo wasu kalmomi uku na yaƙin gargajiya da aka faɗaɗa ma'anarsu zuwa kayan zamani, kamar yadda aka yi wa sulke.
2. Bisa hujjar da aka kawo a 7.0, tattauna dacewar sunan jirgi maras matuƙi, sannan ka ba da shawarar wani suna idan kana ganin da buƙata.
3. Saurari labaran wani gidan rediyo na kwana uku, ka tattaro jimloli goma da suka shafi harbi ko hari, ka rarraba su bisa nau'o'i huɗu na sama.